Gwaggo Ta Faɗi da Shekarun Wani a Bayanta

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da kuma wani abu da ya fi baƙin ciki zafi, wanda ba a rubuta sunansa a takardar rasuwa, mai jan igiyar hasumiyar lokaci tana sanar da mutanen gari cewa uwar ɗakinta, wato hasumiyar, wadda babba da yaro ke kira Gwaggo, ta riga mu gidan gaskiya. Ta cika jiya da hantsi, ko kuma da azahar. Babu mai iya tabbatarwa, domin wadda ke faɗa mana ita ce ta tafi.

Marigayiya ta shekara ɗari huɗu tana raba wa garin nan lokaci. Ita ke sako safiya, ita ke naɗe yamma. Ba ta taɓa ƙara wa mai mulki minti guda ba, ba ta taɓa rage wa mai shara ba. In ta ce gammm, maƙeri ya hura wuta. In ta ce gam-gam, ɗalibai su watse kamar an kaɗa tsuntsaye. Tana da tausayi kuma. In tsoho yana kan gargara ɗansa na hanya, sai ta ja la'asar ta yi ta ja, har sai ɗan ya iso ya riƙe hannun ubansa.

Aibinta ɗaya ne, in ma aibi ne: tana ɗaukar maganar mutum da gaske. A ko'ina cikin gari kana iya cewa “ina zuwa” ka juya, ba a sake ganinka sai mako ya zagayo, babu mai riƙe ka. Amma ban da bakin ƙofar Gwaggo. Wanda ya faɗe ta a nan, sai ta sauke masa lokacinsa kamar yadda ake sauke wa matafiyi kaya, ta goya masa shi har ya dawo. Ba ya tsufa ko da na ƙiftawar ido. Mata 'yan kasuwa sukan bar mata minti biyar ko goma, su dawo su karɓa da godiya.

Ciwon ajalinta ya fara ne shekara arba'in da ɗaya da suka wuce. Wani mai turare, haifaffen garin nan, wanda ya san wannan ƙa'ida kamar yadda ya san sunan uwarsa, ya hau matakala ɗari biyu da sha ɗaya don ya ce wa mai jan igiya ba zai iya rayuwa babu ita ba. Tana da shekara sha tara, ta yarda. Wa zai ƙi yarda, alhali ƙamshinsa ya cika ɗakin ƙararrawa har tantabaru sun yi tsit? Da ya sauka, ya tsaya a dokin ƙofa, ya ɗaga kai ya ce, “Ina zuwa, 'yar hasumiya, kada ki sauko.”

Gwaggo ta ce ƙirrr, ta karɓa.

Shekara uku mai jan igiya tana ce wa kanta suɓutar baki ce. A ta huɗu mai kwale-kwale ya kawo labari: mutumin yana can garin hayin kogi, ya buɗe shago mai shuɗiyar ƙofa, fuskarsa sumul, gashinsa baƙi wuluk, yana rantse wa masu saye cewa turarensa ne ke hana tsufa. Ta aika masa cewa ta yafe auren, ta yafe komai, ya zo kawai ya taka dokin ƙofa ya karɓi kayansa. Sau goma sha biyu tana aikawa. Amsarsa ta ƙarshe ita ce, “Ka gaishe min da tsohuwar. Duka biyun.”

Daga nan Gwaggo ta fara ɗingishi. Talata ta zo sau biyu a mako guda. Bayanta ya tsage daga taga har ƙasa. Muryar nan da ke tsallake kogi ta koma koh, koh, kamar tarin mai fuka. Ungozoma, wadda ta gaji da jiran cikin da ya ƙi cika wata tara, ta hau har sama tana haki ta ce, “Ke yaya, don Allah ki sa ta watso kayan ɗan banzan nan ta taga mana! Shi ya haife ta?” Amma marigayiya ba ta san yadda ake zubar da amana ba. Ko da za ta faɗi, sai da ta karkata zuwa fili don kada ta danne gidan kowa. Kalmarta ta ƙarshe ƙarama ce, tim, kamar an ajiye kofi.

Ta bar ƙararrawa uku, babbar ta fashe, autar ba ta daina rawar jiki ba. Ta bar tantabaru marasa gida, da gari guda da bai san yaushe zai ɗora tukunya ba. Ta bar mai jan igiya, 'yar shekara sittin, da kantar igiya a tafin hannu da furfura har gira, wadda ba ta taɓa yin nisan da ya wuce tsawon igiya ba.

Ta kuma bar gado. A ƙarƙashin ɓaraguzai an tsinci shekarun nan arba'in da ɗaya, cif, a dunƙule kamar baƙin dutse, girman dunƙulen hannu. Maƙera biyu sun kasa motsa shi. Mai jan igiya ta ɗauke shi da hannu ɗaya, ta sa a aljihu. Ba ya cutar da kowa sai mai shi, kuma da ya taɓa fatarsa zai shige gaba ɗaya, a numfashi guda.

Za a yi jana'iza a filin da ta faɗi, da zarar inuwar tsamiya ta kai bakin rijiya. Kowa zai ɗauki dutse guda ya kai kabari. Ba a son kururuwa, ba a son turare. Mai turare kuwa, an ware masa nasa dutsen, wanda ke aljihun mai jan igiya. In ya ga ba zai samu zuwa ba, kada ya damu: igiya ta tsinke, mai janta ba ta da aiki yanzu, za ta kai masa har shago ranar da masu saye suka fi cika. In kuma ya zo da ƙafarsa, iyalin mamaciya sun tanadar masa kujera mai jingina a sahun gaba, da sanda, da abinci mai laushi wanda ba ya bukatar haƙori.