Ranar da Na Yi wa Shanuna Lamba

A shekarun casa'in, ni ne uban 'yan labarai a kasuwar shanun Potiskum. Kullum cewa nake, "In dai mai taye a wuya ya karanta a talabijin, magana ta ƙare."

Wata Talata da yamma na kunna akwatina a gidana na unguwar Dogo Nini, sai ga mai taye, fuska a murtuke, yana cewa daga gobe kowace saniya sai da lamba a baya, kamar mota. Ban jira ƙarshe ba. Na sayo fenti, na bi shanuna tara na rangaɗa musu lambobi.

Washegari na shiga kara ina taƙama, har da yi wa dillalai gargaɗi. Wani dattijon Bafulatani ya daɗe yana duban bijimina, sannan ya ce, "Alhaji, ina direban?"

Ashe wasan kwaikwayo ne na tsokanar masu karanta labarai. Matata ta sani sarai, wai ba ta so ta katse mini aikin gwamnati ba.

Shanun dai sun sayu kafin azahar, don kowa ya zo kallo. Amma har yau in na wuce sai a ce, "Mai Lamba, an sabunta wa saniya takardu?"