Sarkin Yaƙi da Ragon Baffa

Ba zan taɓa mantawa da washegarin Babbar Sallar da na je gaisuwa Kafin Dafga ba. Ko da ma na so in manta, mutanen garin ba za su bar ni ba, don har yau in na sauka daga babur a ƙofar masallacinsu sai an sami wanda zai tambaye ni ko a kawo mini kujera kafin jiri ya ɗebe ni.

A lokacin ina koyar da tarihi a wata sakandare a Rogo, kuma na kamu da wata cuta da ba a sayar da maganinta a kemis: son labarin yaƙin Basasar Kano, wanda 'yan gida ɗaya suka rabu biyu a kan sarauta suka yi ta kashe juna. Littattafai uku gare ni a kansa. Ɗaya na Turanci ne mai kauri, ɗaya fotokwafi ne da na yo tun ina jami'a, shafukan ƙarshensa sun ɓace, na ukun kuwa na Hausa ne mai jan bango, shi ne ɗan lelena. A cikinsa akwai babi guda a kan wani mummunan karo da aka yi a gindin ganuwar wani gari. Wannan babin na haddace shi tsaf, ko daga barci aka tashe ni zan kawo shi.

Duk inda na zauna sai na jawo zancen. A aji, in darasin cinikin sahara ne, sai na san yadda na yi na karkato da raƙuman zuwa gindin ganuwa. A teburin mai shayi, mutum yana tsoma burodinsa ni ina fille kawuna. Har ɗalibai suka laƙaba mini suna Sarkin Yaƙi, ni kuma (Allah ya yafe mini) na riƙa amsawa, har da jinjina.

Abin da babu wanda ya sani a Rogo shi ne, ni ba na iya kallon jini. Ba ƙyama ba ce. Jiri nake ji, kunnuwana su toshe. Tun ina yaro a gidanmu na Karaye, in za a yi yanka, ko na kaza ne, sai mahaifiyata ta tuna gawayi ya ƙare ta aike ni can nesa in sayo. Haka ta yi ta rufa mini asiri har na girma na yi gemu. Jinin takarda kuwa, ko kogi ne sai in yi iyo a ciki.

To, ga kuma maganar Habiba. Ƙanwar abokin aikina Sagir ce, muna son juna, manyana sun je neman aure amma ba a ba su amsa ba. Mahaifinta ya rasu, don haka maganar tana hannun yayansa, Baffa Iro, wani dattijo marar yawan magana da ke zaune a Kafin Dafga. Abin da ya ce wa manyana kawai shi ne sai ya ga yaron da idonsa. Ga shi akwai wani dillalin gyaɗa da shi ma ya turo nasa manyan, ƙato ne, an ce shi kaɗai yake cilla buhu kan mota. Ni kuwa in iska ta taso sai na dafe hula na nemi bango. In Baffa ya ce a'a magana ta ƙare, Habiba ba za ta tsallake maganarsa ba, ni ma ba zan so ta tsallake ba.

Ita ce ta ba ni dabara. Ta ce Baffa ba ya son surutu, amma in aka taɓo zancen mutanen da, musamman Basasa, sai ya gyara zama, don kakansa ya ga yaƙin da idonsa. Da jin haka na ɗauka aure ya ɗauru an gama. Na yanke shawarar kai masa mai jan bangon nan kyauta. Sannan na yi lissafi irin na masu wayo: ba zan je ranar Sallah ba, ranar yanka ce. Washegari zan je, lokacin nama yana kasko, in ci soye in zuba tarihi in dawo da amsa.

Na ci farar shadda, na kafa hula, Sagir ya goya ni a babur ɗinsa. Muna isa ƙofar gidan na hango raguna biyu ɗaure a gindin darbejiya, suna cin harawa, da ransu da lafiyarsu. Na tambayi Sagir a hankali, ya ce ai babban ɗan Baffa ne ya taho da su daga Kano, mota ta lalace masa a hanya bai iso da wuri ba, shi ne Baffa ya ce a bari sai yau. Ya faɗi haka yana kafe babur, ko a jikinsa. Ni dai na lallashi kaina da cewa ba a sa baƙo aiki.

Baffa yana zaune kan tabarma tare da wasu dattawa. Na tuɓe takalmi tun daga nesa, na durƙusa na yi masa barka da Sallah, na gaida sauran ɗaya bayan ɗaya. Ya amsa a taƙaice yana kallona daga hula har ƙafa. Na miƙa masa littafin da hannu biyu. Ya jujjuya shi, ya ce shi idonsa da ajami ya saba, boko ba ya zama masa, in karanta musu su ji.

A durƙushe na fara, murya ƙasa-ƙasa, kai ka ce yaron kirki ne. Amma kafin in kai rabin shafi na rufe littafin, don ba na bukatarsa. Ban san lokacin da na miƙe tsaye ba. Na ari sandar wani tsoho na mai da ita mashi. Na nuna musu yadda kibau suka yi ta zuba, yadda aka sare hannun wani yana riƙe da takobinsa, yadda jini ya malale gindin ganuwa har maza suna zamewa. Jama'a suka taru, mata suna leƙe ta zaure. Da na zo wurin da littafin ya ce wasu sun tsere sun ɓuya a rumbuna, sai na ƙara gishiri daga aljihuna. Na ce waɗannan ba maza ba ne, zane ya kamata a ɗaura musu. Na ce ni da ina wurin, sai dai a ɗauki gawata a gindin ganuwa. (Da ana iya haɗiye magana bayan ta fita, da wannan na haɗiye ta ko ba ruwa.)

Baffa ya dube ni na ɗan lokaci, sannan ya dubi ragunan.

"To, Malam," ya ce, "tunda Allah ya kawo mana jarumi, ni yanzu hannuna rawa yake yi. Sagir zai yanka na farko, kai ka yanka mini nawa."

Duk wanda ya san al'ada ya san wannan ba ƙaramar girmamawa ba ce. Dattijo ya wakilta ka a layyarsa a gaban jama'arsa, ai ya kusa cewa ka zama ɗan gida. Sagir ya dafa kafaɗata yana murna, dattawa suka ce madalla. Na buɗe baki zan ce ina fama da ciwon hannu, sai na tuna da hannun nan na gama jifa da mashi yanzun nan. Na ce, "To, Baffa, na gode," da wata murya da ni kaina ban san ta ba.

Aka haƙa rami, aka wasa wuƙaƙe, aka miƙo mini ɗaya. Aka kwance ragon Baffa aka damƙa mini igiyarsa, aka ce in zagaya da shi bayan darbejiya don kada ya ga abin da za a yi wa ɗan'uwansa. (An ji tausayin rago, ni babu wanda ya tuna da ni.) Na zagaya da sauri, har na fara jin sanyi a raina, na ce wataƙila in na rufe ido na yi bismilla abin zai wuce. Sai Sagir, don ya taimake ni, ya kira ni ya ce in leƙo in ga inda ake ɗora wuƙa. Idon kowa yana kaina, na leƙo. Ya yi bismilla, ya yi kabbara, ya ja. Na ga abin ya yi tsartuwa ya nufi rami, ja wur, har da tururi.

Daga nan labarin ba nawa ba ne, a bakin mutane na ji shi, kuma kowa da irin nasa. An ce kafin in faɗi sai da na kira "Inna". Ni ban yarda ba, amma shaidu sun yi yawa. An ce wuƙa ta yi gabas, hula ta yi yamma, ragon Baffa kuwa da ya ji igiya ta saki ya tsallake ni ya nufi gonakin bayan gari, samari suka rufa masa baya.

Na farfaɗo na ji ni sharkaf, an juye mini ruwan da aka tanada don wanke kayan ciki. Wata tsohuwa tana cusa mini albasa a hanci, wani kuma yana yi mini fifita da wani abu ja. Da idona ya washe na ga littafina ne mai jan bango, a hannun Baffa da kansa. Daga cikin gida ina jiyo dariyar mata, irin wadda ake toshe baki amma ta ƙi toshuwa, kuma na san Habiba, da ta zo Sallah gidan, tana cikinsu. Na mayar da ido na rufe ko suman zai dawo ya cece ni, ya ƙi. Kunya daban, baƙin ciki daban, don a raina na riga na sallama ta ga dillalin gyaɗa. Har na hango shi yana kayar da rago da hannu ɗaya.

Baffa ya sallami jama'a ya ce a ba ni iska. Da muka rage mu biyu, ya ɗora littafin a cinyarsa, ya tambaye ni ko marubucin ya kawo sunayen waɗanda suka ɓuya a rumbu. Na ce a'a, kaina a ƙasa.

"To, ni na san ɗaya," ya ce. "Kakana ne. Yana saurayi aka tura shi. Ya ga an sare ɗan ƙanwar babarsa a ɗaya ɓangaren, ya yar da baka ya faɗa rumbun dawa. Da aka watse ya yo yamma, bai tsaya ba sai nan. Waɗanda suka tsaya a gindin ganuwa suna cikin littafinka, Malam. Mu da ka ga mun cika gidan nan, na mai rumbu ne."

Wani sabon gumi ya karyo mini a kan ruwan da ke jikina. Na fara ba da haƙuri a kan maganar zane, ya ɗaga mini hannu. Ya ce lokacin da nake tsalle da sanda ya riga ya yanke a ransa ba zai ba ni ba, don mutumin da jinin mutane yake yi wa daɗi a baki haka, ba zai kai marainiyar ƙaninsa gidansa ba.

"Amma da na ga na rago ya kayar da kai, sai hankalina ya kwanta. Ka turo manyanka bayan Sallah."

Ragon sai wajen azahar aka kamo shi a gonar wani, Sagir ya yanka, ni ina zaure na juya wa ƙofa baya. Littafin yana wurin Baffa har yau, kuma an ce mini in zafi ya yi da shi yake fifita.

Ina nan ina koyar da Basasa, sai dai yanzu a zaune nake koyar da ita, kuma in na zo wurin masu rumbu nakan tsaya in yi musu addu'a, tunda jinin ɗayansu ne yake yawo a tsakar gidana yana kirana Baba. Abin da na koya bai da yawa: kafin mutum ya bugi ƙirji ya ce da yana wurin da ya yi kaza da kaza, ya fara waigawa ya ga ko akwai rago a ɗaure kusa. Duk Babbar Sallah kuwa, da an fara wasa wuƙa a ƙofar gida, sai in ji Habiba daga ɗaki tana cewa, "Sarkin Yaƙi, gawayi fa ya ƙare." Ni kuma in ɗauki buhu in kama hanya, ba na gardama.