Turke Na Ɗaya a Garin Ba-Komai

A wani gari da ake kira Ba-Komai, akwai wani tafki babba mai suna Je-Ka-Dawo. Ba a banza ya sami sunan nan ba. Da damina sai ya cika ya batse, ya zo har gindin tsamiyar kasuwa, mata su riƙa wanke kwanuka daga ƙofar gida. Da rani kuma sai ya tattara nasa-ya-nasa ya kama hanya, kullum yana ja da baya kaɗan-kaɗan, har sai mai zuwa bakinsa ya huta sau biyu kafin ya isa.

Masuntan garin sun san halinsa, ba su taɓa yin faɗa da shi ba. Kowane masunci yana da turkensa na itacen kirya inda yake ɗaure jirginsa. Duk ranar Asabar da hantsi sai su taru, kowa ya girgiza turkensa ya tuge, ya saɓa a kafaɗa, a bi ruwa inda ya koma a sake kafawa. In ruwa ya juyo, su ma su juyo a gabansa. Haka suka tarar, haka suke yi, kuma ba wanda ya taɓa rubuta wannan a takarda.

A cikinsu akwai wani bawan Allah, Anaruwa, mutum mai sanyin baki, wanda ko kifi ya kama sai ka ga kamar zai ba shi haƙuri. Jirginsa na katakon maɗaci ne, gadon mahaifinsa. Kafinta ɗaya ne ya iya haɗa irinsa a duk ƙasar, shi ma ya daɗe da rasuwa. Jirgin nan shi ne gonar Anaruwa, shi ne rumbunsa. Matarsa Hansai takan ce da jirgin yana cin tuwo, da shi za a fara zuba wa.

To, ana nan sai Shugaban Gari, Alhaji Cindo Mai-Hangen-Nesa, ya tafi wata ƙasa ta bakin teku duba lafiyar haƙorinsa. A can ya ga wata tashar jiragen ruwa, turakun ƙarfe a jere reras, kowane da lambarsa. Ya ɗauko hoto ya dawo da shi. Ya tara Majalisar Na'am, wato majalisar garin, ya miƙa musu hoton, ya ce, "Me kuka gani?"

Suka ce, "Na'am, ranka ya daɗe."

Ya ce, "Ni ma abin da na gani ke nan."

A ranar aka kafa Hukumar Tsayar da Abin da ke Motsi. Aka kawo masu awo, suka zo a tsakiyar damina, ruwa yana gindin tsamiya, suka auna tasha daidai inda suka same shi. Da ruwa ya ɗan janye aka haƙa ramuka, aka kafa turakun ƙarfe saba'in, aka zuba musu siminti har wuya, aka shafa musu fenti fari da kore. Tsofaffin turakun kirya kuwa aka tattara su aka dafa shinkafar bikin buɗe tasha. Kowa ya yaba da shinkafar, aka ce ta dahu.

Aka naɗa Barmo ya zama Sarkin Igiya, mai kula da tashar. Barmon nan taubashin Anaruwa ne, ɗan kawunsa. Tun suna yara da ya shiga jirgi jiri yake kwasarsa, shi ya sa aka ga ya dace, don ba zai haɗa baki da ruwa ba. Aka ba shi lasifika da littafin doka da igiyar awo.

Ya hau kan durom ya karanta wa masunta. Ya ce kowane jirgi sai a turke mai lambarsa. Igiya kada ta wuce kamu bakwai. Ba a kwance jirgi sai yana kan ruwa, saboda kiyaye haɗari. Jirgin da aka kama a wani wuri daban kuwa za a farfasa shi a yi wa majalisa bencin zama.

Anaruwa ya ɗaga hannu a hankali. Ya ce, "Kai bawana, to in ruwan ya tafi fa?"

Barmo ya ce, "A nan ba bawanka, Sarkin Igiya ne. Ina zai tafi? An riga an auna shi."

Sati uku abin ya yi kyau. Jirage suka jeru kamar sahun sallar Idi, har baƙi suna zuwa kallo. Anaruwa shi aka ba turke na ɗaya. A sati na huɗu ruwa ya fara abin da ya saba. Ranar Asabar masunta suka fito da hantsi kamar kullum, kowa ya rungumi turkensa ya girgiza. Wani ƙato mai suna Jatau ya yi ta kokawa da nasa har wandonsa ya yage, turke ko gezau.

Jatau ya yi fushi, ya bi ruwa ya ɗaure jirginsa a jikin wani kututture. Kwana biyu aka kama shi. Da Anaruwa ya bi ta ƙofar majalisa, sai ya hangi wani ɗan majalisa yana gyangyaɗi a kan gefen jirgin Jatau, har da ragowar rubutun da ke jiki. Bencin bai daina ƙarni ba, saboda haka duk kyanwoyin garin suka koma halartar zaman majalisa. Aka ce ba a taɓa samun cikar zama irin ta wannan shekara ba.

Anaruwa ya koma gida ya ce zai ja jirginsa ya kai turke. Hansai ta ce, "Malam, ka san dai katako in ya bar ruwa tsagewa yake yi."

Ya ce, "Na sani. Amma tsagaggen jirgi ai ya fi benci."

Ya aro shanun noma biyu, aka ja jirgin daga bakin ruwa, a kan busasshen taɓo, har gindin turke na ɗaya. Ya ɗaure. Barmo ya zo ya auna igiya, kamu shida da rabi, ya ce madalla. Sauran masunta da suka gani, kowa ya nemo shanu.

Washegari Anaruwa ya zo da shanunsa zai mayar da jirgi ruwa ya tafi su. Ya sa hannu a ƙulli ke nan sai lasifika ta yi ƙara a bayan kunnensa.

"Mai turke na ɗaya, me kake yi?"

"Kwancewa zan yi, Sarkin Igiya."

"Jirgin yana kan ruwa?"

Anaruwa ya duba ƙasa. Wata ƙadangaruwa ta dube shi. Ya ce, "A'a."

"To, ba a kwancewa. Kana so ka yi haɗari?"

"Wane haɗari a kan tudu, don Allah?"

Barmo ya ce, "Ka ga amfanin dokar ke nan. Tun da aka kafa ta, jirgi nawa ya kife?"

Anaruwa ya saki ƙullin, don gaskiya ko ɗaya bai kife ba.

Labari ya kai wa Shugaban Gari cewa ruwa ya bar bakin aikinsa. Ransa ya ɓaci ƙwarai. Ya sa aka rubuta wa tafki takardar tuhuma, aka ba shi kwana bakwai ya bayyana dalilin da ya sa ya bar tasha ba tare da izini ba. Aka sa takardar a kwalba, 'yan majalisa uku suka ɗauka a mota, suka jefa masa. Ran kwana na bakwai aka koma karɓar amsa, aka tarar ya ƙara matsawa. Sai aka yi shela cewa ruwa yana ƙarƙashin bincike, kada kowa ya yi hulɗa da shi a harabar tasha.

Bazara ta shigo, rana ta buɗe. Hansai ba ta iya zama ta zuba ido ba. Ta riƙa ɗaukar tulu tana tafiya har bakin tafki, ta dawo ta yayyafa wa jirgi. Rana ta uku Barmo ya tare ta.

"Matar bawana, mene ne a tulun nan?"

"Fura ce, Barmo. Ka sha?"

Ya leƙa. Ya ce, "Wanda ake tuhuma ne kika ɗauko a ka kika shigo da shi tasha."

Ta ce, "To gobe na rijiya zan kawo."

Ya buɗe littafi ya rufe. Ya ce, "Danginsa ne."

Ta ce, "Allah ya sa ranar da za a yi maka wankan gawa a nemi izininka." Ta juye masa tulun a ƙafa ta yi tafiyarta. Barmo ya tsaya yana tunanin ko shi ma yanzu ya yi hulɗa da mai laifi, sai ya ga gara kada ya rubuta.

Anaruwa ya kawo zana ya rufe jirgin, aka ce ya ɓoye lamba. Ya kawo kwalta da tsumma zai toshe inda ya fara buɗewa, aka ce ba a gyara a tasha, akwai wurin gyara a bayan kasuwa. Ya ce to bari ya kai shi can, aka tambaye shi ko jirgin yana kan ruwa.

Daga nan sai ya zama kullum da azahar yana zaune a gindin turke yana saurare. Can sai ka ji katako ya ce ƙas. Sai ya shafa wurin ya ce, "Sannu." Wata kaza ta shiga ta yi ƙwai a ciki ta ƙyanƙyashe, 'ya'yan suka riƙa fita ta tsagar gefe, ba sai sun yi tsalle ba. Ran nan yana zaune a wannan ɓari ya hangi Hansai tana tahowa da abinci ta cikin jikin jirgin, har ya gane zanen da ta ɗaura.

A kasuwa kuwa rumfunan kifi ba su mutu ba. Surukin Shugaban Gari, mutum mai tausayi, ya riƙa shigo da kifin gwangwani mota-mota. Masunta suka koyi buɗe gwangwani da wuƙar gyaran kifi. Da shekara ta zagayo aka ba Anaruwa takardar yabo ta Gwarzon Masunci, saboda wata bakwai jirginsa bai karya doka ba, bai kife ba, kuma kifi ko ɗaya bai kuɓuce masa ba. Hansai ta riƙa fifita wuta da ita.

Sai damina ta sauka. Je-Ka-Dawo ya juyo, yana tahowa kaɗan-kaɗan, har ran nan aka wayi gari yana lasar gindin turaku. Alhaji Cindo ya fito da kansa ya gani. Ya ce, "Kun ga abin da ake kira mulki. An rubuta masa, ya yi taurin kai, da ya ga ba wasa ya dawo da ƙafarsa." Majalisa ta ce na'am. Aka yafe wa ruwa, aka sa ranar bikin kwance jirage.

Ranar biki aka kafa rumfuna, makaɗa suka zo, aka jera benci. Ruwa ya kai gwiwa a turke na ɗaya, jirgin Anaruwa ya ɗan ɗaga, yana shan ruwa ta ko'ina kamar mai buɗe baki. Anaruwa ya je gaban Shugaban Gari ya durƙusa.

"Ranka ya daɗe, jirgin nan ba zai iya ba. Hannuna yana wucewa ta jikinsa. A ba ni kwana uku in toshe shi."

Alhaji Cindo ya ce a duba fayil. Barmo ya duba ya karanta, "Jirgi na ɗaya, lafiya lau, har da takardar yabo."

Shugaban Gari ya yi murmushi. Ya ce, "Ka ji ko? Kai dai tawali'u ne ya yi maka yawa. Wallahi na so in shiga da kaina, amma a gwamnatin nan talaka ne a gaba." Sai ya rage murya ya ƙara da cewa, "Jirgin da ya ƙi tashi yau kuwa, mun ɗauka ya yi ritaya. Majalisa kuma tana ƙara yawa, wurin zama ya yi mana kaɗan."

Anaruwa ya waiwaya ya dubi bencin da manyan baƙi ke kai. Ya tashi. Hansai ta miƙa masa ƙwarya. Ya shiga. Shugaban Gari ya naɗe hannun riga, ya kwance igiya da hannunsa mai albarka, ya tura jirgin da ƙafa. Kiɗa ya tashi, aka yi ta tafi.

Ya yi tuƙi goma, ruwa ya kai idon sawu. Ya ajiye filafili ya kama kwasa da ƙwarya, ya kwashe ɗaya uku su shigo. Ruwa ya kai ƙwauri. Shi kam ya iya iyo tun yana ɗan shekara biyar, jirgin ne yake ji. Ya juya kan jirgin ya nufo tasha da iyakar ƙarfinsa, don in ya zauna a inda ba zurfi, ko da rani a tono shi.

Saura kaɗan ya kai, sai ya ga Barmo yana ta buɗe littafi, shafi bayan shafi, gumi yana zuba masa. Can ya ɗaga lasifika.

"Taubashi, don girman Allah ka yi haƙuri. Na duba ko'ina. Nan wurin ɗaure jirgi ne, ba a ware shi don nutsewa ba. In abin ya zama dole, ka ɗan matsa gaba."

Anaruwa ya tsaya da filafili a hannu, ruwa a gwiwarsa, yana duban tudu yana duban zurfi.

Shugaban Gari ya gyara zaman hularsa, ya ce a kira mai turke na biyu.