Ramin Tasalla da Dokar Masu Fiffike

A wani daji da ake kira Fadama, wanda ya yi iyaka da dajin Tudu ta arewa da dajin Dutse ta gabas, an yi wata gafiya mai suna Tasalla. Ta manyanta, gashin bakinta ya yi fari, kuma duk abin da ta mallaka a duniya rami ne. Kakarta ce ta fara haƙa shi, uwarta ta ƙara masa tsawo, ita kuma ta ɓullar da shi har cikin Tudu, ta ƙarƙashin wani fako da kuraye ke sintiri a kai. Ta ramin nan gyaɗa da aya ke fita daga Fadama, kanwa da gishiri su shigo daga Tudu. Kurege na bi, bushiya na bi, har damo in ya matse cikinsa. Ƙa'idar ramin ɗaya ce: duk wanda ya ratsa ya fito da dunƙulen ƙasa a bakinsa, don kada hanyar ta cike. In an yi rigima kan kaya, a zauna a bakin rami, wanda ya fi kowa shekaru ya raba. Haka aka yi ta yi, babu wanda ya san ashe cikin rashin doka ake zaune.

Shamuwa ce ta sanar da su. Ta dawo da ruwan farko kamar yadda ta saba, amma wannan karon da kundi a hammata da tabarau a kan baki. Majalisar Dazuzzuka Uku ta zauna a gindin rimi, Giwa na shugabanta. Tasalla na can baya, inda ake zaunar da masu gajerun ƙafafu.

Shamuwa ta gyara tabarau ta ce, "Ranku ya daɗe, na zaga ƙasashe bakwai, na ga inda arziki ya zauna. A ƙasar tsuntsayen teku, ko tsinke ba a ƙetarawa da shi iyaka sai da lasisi, kuma ku je ku ga ci gaba. Ku fa? Ciniki a ƙarƙashin ƙasa, ba rajista, ba hatimi. Wane mai jari ne zai zuba dukiyarsa a yankin da ba shi da doka? Ga dokarsu nan na kwafo muku, ko wasali ɗaya ban taɓa ba. Ku sa hannu kawai, za ku ga masu jari na sauka kamar farin dango."

Aka yi tafi. Kura ta fi kowa tafi, don ta ji za a buƙaci masu tsaron iyaka. Kundin shafi ɗari huɗu ne, saboda haka ba wanda ya karanta. An dai ɗaga shi an ji nauyi, aka tabbata doka ce mai ƙarfi. Giwa ta tambaya ko akwai mai magana, alhali ta riga ta tsoma hanci a tawada.

Kwana biyu bayan haka Kura ta zo bakin ramin, da sabuwar hula ta aiki.

"Gwaggo Tasalla, sannu da gida."

"Yauwa, Kura. Yau kuma har da sallama?"

"Aiki ne, Gwaggo. Ramin nan naki haramtacciyar hanya ce. An ba ki kwana bakwai ki kawo lasisi, in ba haka ba a rufe shi. Ofis yana ƙololuwar rimi, reshen ƙarshe, kuma mai kaya da kansa ake son gani."

Tasalla ta ɗaga kai ta dubi rimin har wuyanta ya ƙage. Lokacin kuwa damina ta sauka. 'Yan Tudu sun zuba irinsu a ƙasa, rumbunansu sun ƙare, kuma kowace shekara gyaɗar Fadama ce ke riƙe su har kaka. A can 'yarta Lantana ke aure, da 'ya'ya shida.

Ta je ta roƙi Biri ya goya ta. Ya yarda, don yana son abin ba da labari.

"Gwaggo, wannan nauyi haka? Gyaɗar mutane ce ta zauna miki?"

"Kai dai ka kula da reshe, sarkin surutu. In na faɗo, kai za ka je ka yi wa Lantana bayani."

Ta rufe ido tun daga reshen farko, ba ta buɗe ba sai da ta ji muryar Hankaka, akawun ofis. Ya tambayi suna, ta faɗa. Daji, ta faɗa. Irin kaya, ta faɗa. Har ta fara jin ashe abin ba wuya.

"Faɗin fiffike?"

"Ba ni da shi."

"Faɗin ne ba ki da shi, ko fiffiken?"

"Malam, ɗago kai ka dube ni mana."

"Ni takarda nake dubawa, Hajiya. Gurbi na tara: faɗin fiffike, taƙi nawa. Ba a barin gurbi a fili."

"To rubuta babu."

"Babu ba lamba ba ce."

"Rubuta sifiri."

Hankaka ya buɗe kundi ya bi layi da baki. "Wanda fiffikensa bai kai taƙi ɗaya ba ɗan tsako ne. Ɗan tsako kuwa sai ya zo da uwarsa. Tana kusa?"

"Shekararta ashirin a ƙasa."

"Allah ya ji ƙanta. Na gaba."

Na gaban Jemage ne, wanda tun da aka haife shi bai taɓa sayar da ko ƙwayar aya ba. Aka auna shi, aka buga masa hatimi, ya fita da izinin fatauci a dazuzzuka uku yana tambayar Biri me ake yi da shi.

Ran kwana na shida Tasalla ta kai ƙara kotun yanki, gaban Alƙali Dila, wanda aka ce ya haddace kundin nan tun daga bango har bango. Kurege da bushiya da damo suka cika bayan kotu. Aka ba ta izini ta miƙe, ko da yake miƙewar ba ta ƙara mata tsawo ba.

"Allah ya gafarta Malam, ni ban yi karatu ba, amma na san hanya. An ce ba mu da doka. To wa ya hana ramin nan cikewa tun zamanin kakata? Wa ya sa kurege ke barin kayansa a tsakiyar rami ya dawo ya tarar da su? Muna da doka, ba ta da bango ne kawai. Ban ƙi taku ba. Ku rubuta sunana, ku buga hatimi, ku auna ramin in kuna so, ni zan riƙe muku igiya. Amma wannan takarda an yi ta ne don masu tashi sama, mu kuwa da ke ɗaukar abincin yankin nan, da ciki muke jan ƙasa. Gurbi ɗaya nake roƙo a gyara. In aka rufe ramin nan kafin kaka, 'yan Tudu ba su da abin da za su sa a baki."

Dila ya gyara zama. Sannan ya ce, "Kotu ta saurari mai ƙara, kuma ta tausaya mata. Sai dai kotu ta bincika kundin nan sashe-sashe, ba ta ga inda aka hana wata dabba yin fiffike ba. Ƙofa a buɗe take ga kowa, babba da yaro. Batun gyara gurbi kuwa, dokar ta dazuzzuka uku ce, ba a taɓa ta sai ukun sun zauna, kuma zama na gaba sai baɗi. Ban da haka, in masu jari suka ji muna canza doka saboda kukan gafiya ɗaya, wa zai amince da mu? Darajar doka ita ce a san ba ta motsi. Maganar yunwa kuma ba ta gaban wannan kotu. An kori ƙara."

Washegari Giwa da kanta ta zo, don a nuna wa duniya cewa yankin ya daina wasa. Ta yi jawabi, aka yi tafi, ta taka bakin ramin sau uku. Aikin kaka da uwa da 'ya ya rufta kafin a gama tafin. Tasalla na tsaye a gefe. Damo ya ce mata ta yi haƙuri, ta ce ta gode.

Ta gwada bin fako da 'yar jakar gyaɗa a baya. Kura ta tare ta, ta ƙwace kayan da sunan doka, ta kuma ba ta takardar shaida cewa an ƙwace. Ta gwada fara sabon rami, amma farcen da ya yi wancan aikin ya daɗe da dakushewa, kuma ƙasar damina na rufowa da zarar ta juya baya. A Fadama gyaɗa ta yi ta tsiro a rumbu don ba mai saye. A Tudu aka koma cin saiwar ciyawa. An share fili an kafa tuta don tarbar masu jari, ciyawa ta fito, aka sake sharewa.

Ana saura wata ɗaya kaka, Lantana ta ratso fakon da ƙafa. Tasalla ta fito ta tarbe ta, ta dubi 'ya'yan da ke bayanta, ta sake duban hanya. Uku ne cikin shidan. Ta shigar da su ciki ta zuba musu gyaɗa, wadda ke nan jibge har rufi.

Da farkon sabuwar shekara Majalisa ta zauna jin rahoto. Shamuwa ta aiko da gaisuwa daga bakin teku. Hankaka ya karanta cewa an kawar da haramtaccen ciniki baki ɗaya, kuma duk da masu jari ba su iso ba tukuna, an samu 'yar ƙasa ɗaya da harkarta ta bunƙasa fiye da kowace shekara, musamman a dajin Tudu. Aka kira Ungulu ta fito, aka rataya mata lambar yabo.

An duba takardunta, babu gurbi ko ɗaya a fili.