Ramin Jatau a Gaban Majalisa

A wani daji da ke bayan wani babban tafki, an yi wani tsohon dabgi ana ce masa Jatau. Tun yana da ƙarfinsa ya haƙa rami mai ɗaki uku a gindin wata tsamiya, dab da wani suri da gara ba ta yanke masa. A nan aka haifi 'ya'yansa maza biyu, Barmo da Nomau. Yanzu faratansa sun dakushe, matarsa Marka kuwa idonta ya tafi, da lalube take gane kowace kwana ta ramin. 'Ya'yan ne ke fasa suri su kawo musu abin kalaci.

Harshe da haƙori ma sukan saɓa, amma na Barmo da Nomau ya wuce saɓani. Barmo yana son ɗaki biyu, wai iyalinsa sun yi yawa. Nomau ya riga ya yi wa Gyado, aladen daji, alkawarin nasa sashen. Kullum da hantsi sai a ɗauko igiya a auna rami, a zagi juna, a tsallake Marka a wuce. Ran nan suka ja layin katanga, sai ya ratsa ta tsakiyar shimfiɗar tsofaffin. Daga nan magana ta kai majalisar dabbobi.

Aka taru a gindin kuka, alƙali Gauraka yana bisa kututture. Dila ya tsaya wa Barmo, Hankaka ya tsaya wa Nomau. Jatau da Marka aka zaunar da su gefe guda, kusa da igiyar awon.

Dila ya gyara murya ya ce, "Allah ya gafarta malam, ƙofar ramin nan Barmo ne ya faɗaɗa ta bara. Wanda ya yi gumi ya fi ɗan kallo haƙƙi. A ba shi ɗaki biyu, a ja katanga. Tsofaffin ma ba mu manta da su ba. Akwai wani kogon itace a bakin tafki, iska na shigarsa ta ko'ina."

Hankaka ya yi tsalle ya ce, "Gyara kayanka bai zama sauke mu raba ba. A raba rami daidai wa daida. Tsoho ya bi Barmo, tsohuwa ta bi Nomau, kowa ya ɗauki rabin wahala. Ina adalcin da ya fi wannan?"

Majalisa ta gyaɗa kai. Jatau ya ji Marka ta damƙe masa hannu. Damina talatin ba su taɓa raba makwanci ba. Ya miƙe da kyar.

Biri mai tsawatarwa ya daka masa tsawa: "Wa ya kira ka?"

Jatau bai dube shi ba. Ya ce, "Ranka ya daɗe, tun safe nake jin ana rabon gado, na duba ko'ina ban ga gawa ba. Ni na haƙa ramin nan, a can na ƙarar da faratana. Matata ba ta gani. In aka kai ta wani wuri, ko ƙofa ba za ta gane ba. Ba mu nemi komai ba sai a bar mu mu ƙarasa kwananmu inda muka fara."

Gauraka ya juya ga Kunkuru, wanda dokokin daji ke kansa. Kunkuru ya daɗe kafin ya fito da wuya, sannan ya ce, "Doka tana nan, an daɗe dai ba a tambaye ta ba. Wanda ya haƙa rami, shi da abokiyar zamansa, ba mai tashinsu, ba mai auna musu ƙasa har ƙasa ta rufe idonsu. Ɗan da ya hana su sakat, majalisa ta fitar da shi, in uban ya nema."

Gauraka ya dubi Jatau ya ce, "Ka ji. Ka nema?"

"A hana katangar kawai, ranka ya daɗe. Yaran su zauna."

"Doka ba ta san kawai ba. Ko ka nema a fitar da su duka biyun yau, ko ka janye mu koma kan awo."

Marka ta matso kunnensa ta ce, "Malam, 'ya'yanmu ne fa."

Jatau ya dubi Barmo, ya ga idonsa na kan igiya. Ya dubi Nomau, ya ga yana raɗa da Gyado. Da ɗaya daga cikinsu ya ɗago ya dube shi, da ya janye. Ya jira, ba wanda ya ɗago. Wanda ruwa ya ci, ko takobi aka miƙa masa kamawa zai yi.

Ya ce, "Na nema."

Kafin la'asar 'ya'yan sun kwashe nasu ya nasu. Barmo ya fita bai waiwayo ba. Nomau ya tsaya a bakin ƙofa ya ce, "Baba, surin nan ya yi tauri bana." Ya bi bayan ɗan'uwansa.

Da gari ya waye Jatau ya je gindin suri. Ya kai farce, farce ya zame. Ya sake, ya sake, har hantsi ya dubi ludayi, abin da ya samo bai cika tafin hannu ba. Ya kai wa Marka ya ce shi ya ci nasa a can.

Ta tauna a hankali, ta kasa kunne, ta ce, "Malam, na ji shiru."

Ya ce, "Shi aka ba mu."

Majalisa kuwa ba ta yi sakaci ba. Ta naɗa mai sa ido a kan tsamiyar, don kada kowa ya dami tsofaffin. Ungulu ce ta karɓi aikin, ba ta nemi lada ba, kuma ba a taɓa samunta da makara ba.