Rasuwar Kamarar Manzo Gado a Hanyar Korgom

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, ko da yake ita ma zuciyar ta daina jin komai bana, Manzo Gado mai ɗaukar sinima a Tasawa yana sanar da rasuwar kamararsa, wadda ta cika ranar Talata, cikin wannan fari na 1984.

Marigayiya mai kawaici ce. Ba ta taɓa ce wa kowa ya gyara zama ko ya dubo ta ba. Takan zauna a kafaɗar Manzo har mutane su manta da ita, sannan ta fara 'yar muryarta, ƙirrr, kamar gyare. Ta ga rumbuna sun ƙare a Urafane, ta ga an sayar da shanu kuɗin akuya a kasuwar Mayahi, ba ta tsoma baki ba. Manzo ma haka. Ƙa'idar aikinsu ke nan: a gani, kada a taɓa.

Sanadin ajalinta ya faro ne a bakin rijiyar Korgom. Ruwa ya yi ƙasa, mata sun ƙulla ɗankwali a igiya, duk da haka guga na dawowa a bushe. Sai wata tsohuwa, Furera, ta dubi maɗaurin fatar da kamarar ke rataye da shi, ta ce, "Kai mai hoto, ara muna igiyag ga. Hoton ba ya shayuwa."

Manzo ya kwance ya miƙa mata. Guga ya taɓa ruwa, sai ya bar musu maɗaurin. A hanyar komowa Tasawa amalanken da suka hau ya faɗa rami, marigayiya kuwa babu abin riƙe ta. Ta faɗo ƙasa, ta yi ƙas sau ɗaya, ta yi shiru. Manzo ya ɗauke ta ya kakkaɓe. Har yau yana jiran hawaye, ba su zo ba.

Ta bar abin tsayuwarta mai ƙafa uku, da jaka, da faya-fayan sinima da dama da ke tsare a hannun gwamnatin soja saboda an ji kalmar yunwa a cikinsu. Allah ya fito da su.

Ba za a yi mata wanka ba, taimama za a yi, sannan a rufe ta cikin jakarta bayan la'asar. Masu ta'aziyya kada su wahalar da kansu zuwa gidan Manzo, ya koma Korgom. Wanda zai je ya tafi da igiya, ruwan ya ƙara yin ƙasa.