Ranar da Na Yi wa Surukata Tafinta

Ko zan manta da komai na zamanmu a Makka, ba zan taɓa mantawa da yammacin da na kunna wa surukata fim ba. Har yau in na tuna sai in ji kamar in mari kaina, in na gama kuma in nemo maƙwabciyata Samira ita ma in ƙara mata.

A lokacin muna zaune a unguwar Rusaifa, a wani ɗan gida mai ɗaki biyu a hawa na uku. Maigidana Sani yana karatu a jami'a, ni kuma ina koya wa 'ya'yan maƙwabta Turanci a falo. Wannan ɗan Turancin shi ne abin taƙamata (ko maganin sauro aka sayo sai na karanta kwalin da ƙarfi, don dai a san ina nan).

Sai Inna, mahaifiyar Sani, ta zo Umara ta sauka a wurinmu. Daga ɗawafi da Safa da Marwa gwiwarta ta kumbura, likita ya ce ta huta kwana huɗu. Inna kuwa ba ta iya zama ba. Ta gaji da kallon bango, ta gaji da tashoshin Larabawa, ta fara duba mini bayan tukwane. Ran nan kuma ga Khala Zainabu ta zo gaishe ta daga unguwar Tandabawi. Khala 'yar uwar Inna ce ta nesa, amma haifaffiyar Makka, Hausarta rabi Larabci ce, kuma tsufa ya riga ya cire mata kunyar magana.

Ni da son a ce na iya riƙon baƙi, sai na tuna da filashin da maƙwabciyata Samira ta ba ni. Da ta miƙo mini cewa ta yi, "Fim ne a kan zaman aure, wallah za ki yi dariya. Ki kalla ke da mijinki." Wannan "ke da mijinki" ɗin ya shiga ta kunnen dama ya fita ta hagu. Ban taɓa buɗe shi ba.

Inna ta ce, "Me ake yi a ciki, 'yar nan?"

Na ce, "Nasiha ce kan zaman aure, Inna, irin ta Turawa. Zan riƙa fassara miki."

Ta ce, "To, mu ga yadda su ma suke haƙuri da juna."

Na zuba shayi, na kunna. Farko lafiya lau: miji da mata suna cin abinci, ina fassarawa ina jin kaina. Can sai mijin ya tashi ya jawo akwatin gawa har tsakiyar ɗakin barcinsu.

Inna ta dafe ƙirji. "Innalillahi! Wa ya rasu?"

Na kasa kunne. Jama'a, ba wanda ya rasu. Bawan Allahn nan yana gaya wa matarsa ne wai shi sam ba ya jin sha'awarta sai in ya kwanta a cikin akwatin nan, ita kuma ta sa baƙaƙen kaya ta tsaya a kansa tana kuka tana yabon halinsa. Mai hankali a nan zai kashe talabijin ya ce filashin ya lalace. Ni kuwa sai na gyara murya.

"Yana ce mata duniya ba wurin zama ba ce, su riƙa tunawa da mutuwa."

Inna ta jinjina kai. "Allahu akbar. Ashe akwai masu tunani a cikinsu."

(Kun ga matsalar ƙarya ke nan: in ta farko ta karɓu sai ka ɗauka kai gwani ne.)

Aka koma kan wasu ma'auratan. Ita wannan matar ta sayo wa mijinta rigar gashin kaza, har da zanko ja a ka, ta ce ba zai kusance ta ba sai ya hau kan gado ya yi cara sau uku. Mutumin, ƙato da tumbi, yana tsaye kamar zai yi kuka.

"Shi kuma wannan fa?"

"Sana'arsa ce, Inna. Tallan kaji yake yi, tana taya shi shiri."

A nan ne Khala ta buɗe jaka ta ɗauko tabarau. Ni duk tsawon lokacin nan hankalina yana kan kunnena, ban ko lura da cewa akwai fassarar Larabci tana gudu a ƙasan hoton ba. Khala ta matso, ta ƙura ido, leɓunanta suna motsi.

"La, ya binti, a'a 'yata. Ba haka ta ce ba."

Na ce, "Khala, a ƙara shayi?"

Ina! Ta juya wajen Inna ta zayyana mata komai da Hausa tsantsa, wadda ban taɓa jin ta yi mai kyau irin ta ranar ba. Ba ta tsallake ko kalma ɗaya ba. Da ta gama da zakara sai ta ce, "Shi ma na akwatin can ina shakka. Mayar da shi baya mu gani."

Na shiga neman rimot. Ashe yana ƙarƙashin matashin da Inna ta ɗora ƙafarta mai ciwo. Wa zai cusa hannu ƙarƙashin ƙafar surukarsa? Na rarrafa bayan kujera na fizge waya daga bango. Na'urar sanyaya ɗaki ta ɗauke. Talabijin kuwa yana nan daram, kuma daidai lokacin ƙaton nan ya hau gado ya saki cara.

Daidai lokacin kuma Sani ya yi sallama, da ledar burodi a hannu. Ya dubi zakara, ya dubi mahaifiyarsa, ya dube ni a durƙushe da waya a hannu. Ya ajiye burodin ya koma masallaci, alhali da sauran kusan awa guda kafin magariba.

Kwana biyu Inna ba ta tayar da maganar ba. Gaisuwa kawai, sai kallo. Na fi son ta zage ni wallahi. Na je na sami Samira da faɗa, ita kuwa ta yi ta dariya har da riƙe ƙofa, wanda ya ƙara ƙular da ni.

Rana ta uku bayan azahar Inna ta kira mu mu biyu. Na zauna kaina a ƙasa, na shirya karɓar hukunci. Sai na ji ta fuskanci ɗanta.

"Sani, yarinyar nan mai kunya ce. Na yi tunani, na gane ba za ta iya faɗa mini da baki ba, shi ya sa ta nuna mini a hoto. In akwai abin da kake sa ta yi, ka ji tsoron Allah. A Makka kake."

Sani ya buɗe baki. "Inna, wallahi ni..."

"Ban ce ka rantse ba. Akwatin ne ko zakaran?"

Na yi ta rantsuwa cewa kuskurena ne, ban san abin da ke ciki ba. Inna ta dafa kaina ta ce, "Allah Ya yi miki albarka, haka ake rufa wa miji asiri." Har ta koma gida ba ta yarda ba. Sani ya yi mako guda yana yi mini magana da eh da a'a, kuma ban ga laifinsa ba, tunda ni na yi ɓarnar shi ya sha wa'azin.

Abin da na koya dai shi ne, miyar da ba ka ɗanɗana ba kada ka zuba wa baƙo. In kuma har ka zuba ka ga ta yi gishiri, ka ɗauke kwanon kawai. Kada ka tsaya kana yi masa bayanin cewa haka ake cin ta a Turai.